Shamsuddin Sami: Shin Son Harshen Uwa Cin Amanar Halifa Ne?



Da wuya a sami ɗalibin hadisi a ƙasar nan da bai san sunan Shaikh Muhammad Nasiruddin Albani ba, ko wanda bai taɓa riƙe littafin da Shaikh Shu'aibu Arna'uɗ ya yi wa tahƙiƙi ba. Kaɗan ne dai ke tsayawa su tambayi asalin waɗannan laƙabai. Duka biyun suna komawa ne ga al'umma guda, wato Albaniyawa, mutanen yammacin yankin Balkan a Turai, waɗanda Turkawa ke kira Arna'ut. An haifi Shaikh Albani a birnin Shkodra a 1914, shekara biyu kacal bayan ƙasar ta fice daga ƙarƙashin Daular Usmaniyya ta Turkawa, wadda kakanninmu ke kiran sarkinta Sarkin Santambul.

Yadda ake yawan ba mu labarin rushewar wannan daula a wuraren karatu da laccoci, labari ne mai sauƙin haddacewa: Turawa sun shuka ƙabilanci, wasu 'yan ƙasa sun zama karnukan farautarsu, halifanci ya faɗi. Akwai gaskiya a ciki, ba mu musa ba. Sai dai idan aka ɗauki wannan ma'auni aka auna kowa da shi, za a zalunci mutane da yawa, kuma za a wanke fadar Santambul daga laifin da ita ta aikata da hannunta. Rayuwar Shamsuddin Sami Frasheri na cikin misalan da suka fi bayyana haka. Ra'ayinmu shi ne, daular ce ta kori Albaniyawa daga jikinta tun kafin su yi tunanin fita, kuma da abin da ya fi kowane abu sauƙin bayarwa ta kore su: izinin karatu da rubutu da harshensu.

An haifi Sami a 1850 a ƙauyen Frasher da ke cikin duwatsun kudancin Albaniya, a gidan Musulmi mabiya ɗarikar Bektashiyya. Iyayensa sun rasu yana yaro, sai yayansa Abdul ya kwashi ƙannensa zuwa birnin Yanina, wanda a yau yake cikin ƙasar Girka. A can Sami da wansa Na'im suka shiga makarantar Zosimeya, makarantar Girkawa mai suna a wancan zamani, suka koyi Girkanci da Faransanci da Italiyanci, a gefe kuma suna ɗaukar Larabci da Farisanci da Turkanci a gaban malamai. A lura da wannan jeri. Yaro ya tashi da harsuna shida na karatu, amma harshen da mahaifiyarsa ta yi masa magana da shi ba ya ciki, domin babu makarantar da ake koyar da shi.

Yana ɗan shekara ashirin da 'yan kai ya isa Santambul, ya kama aiki a ofishin kula da ɗab'i. Abin da ya yi wa harshen Turkanci daga nan har mutuwarsa, Turkawa kansu ba su da mutane da yawa da suka yi irinsa. A 1872 ya fitar da labarin soyayyar Tal'at da Fitnat, wanda ake lissafawa a matsayin ƙagaggen labari na farko da aka buga da Turkanci cikin haruffan Larabci. Ya yi ɗan zama a Tarabulus ta Libiya yana shirya jaridar lardi. Ya juya manyan littattafan Faransanci zuwa Turkanci, ya tsara ƙamus na Faransanci da Turkanci. Tsakanin 1889 da 1898 ya wallafa Kamusul A'alam, kundin tarihi da labarin ƙasa mai mujalladi shida, aikin da a yau sai an kafa masa kwamiti. Sannan ya rufe da Kamusi Turki, ƙamus ɗin da ya kammala a 1901, wanda har gobe masu karanta tsoffin takardun Usmaniyya ba sa rabuwa da shi. Shi ne ya nace cewa sunan harshen Turkanci ne, a lokacin da manyan fada ke kiransa Usmaniyanci suna ƙyamar kalmar Baturke. Ya kuma rubuta littafi kan wayewar Musulunci, da wata risala da Larabci kan himmar yaɗa addini.

Mai neman rushe daula ba ya ƙarar da idonsa da ƙuruciyarsa wajen gina mata ƙamus.

To, ina matsalar ta taso? Ta taso ne daga yadda daular ta tsara talakawanta. Ba da harshe ko ƙabila take rarraba mutane ba, da addini take yi. Kiristan Otodoks yana ƙarƙashin babban limamin cocin Girkawa, Musulmi kuwa Musulmi ne kawai. Wannan tsari ya yi aiki na ƙarnoni, kuma Albaniyawa sun ci moriyarsa fiye da kowa. Mafi yawansu sun musulunta, sun cika rundunonin daular, sun ba ta manyan wazirai masu yawa, ciki har da gidan Koprulu da ya farfaɗo da ita a ƙarni na 17. Muhammadu Ali Basha na Masar ma jininsu ne. Amma da ƙarni na 19 ya zo, makaranta ta zama makami, sai tsarin ya juya musu baya. Girkawa na da makarantunsu a cikin daular, Sabiyawa da Bulgeriyawa na da nasu, gwamnati ta amince. Ɗan Albaniya Musulmi sai ya yi karatu da Turkanci, ɗan'uwansa Otodoks da Girkanci, Katolika na arewa kuma da Italiyanci a hannun 'yan mishan. Waɗanda suka ɗauki makami suka yaƙi Sarkin Santambul sun sami makarantu da harshensu. Waɗanda suka tsare masa iyaka da jininsu, su aka hana.

Wannan ba ƙaramin haɗari ba ne ga mutanen da maƙwabta ke haɗiyar yawu a kan ƙasarsu. A teburin Turawa na wancan zamani, da harshe da makaranta da taswira ake kafa hujjar mallakar ƙasa. Idan yaran wani gari suna karatu da Girkanci, Girka za ta ce garinta ne. Idan mutanensa Musulmi ne marasa rubutaccen harshe, za a ce Turkawa ne baƙi, su tattara su koma Asiya.

Abin da ake tsoro ya auku a 1878. Rasha ta ci daular da yaƙi, aka ƙulla yarjejeniyar San Sitefano a watan Maris, aka yanka yankunan Albaniyawa aka raba wa Bulgeriya da Sabiya da Montenegro. Ranar 10 ga Yuni, kwana uku kafin manyan ƙasashe su zauna a Barlin, shugabannin Albaniyawa suka taru a birnin Prizren na Kosovo suka kafa ƙawancen da tarihi ya sani da sunan wannan birni. Malamai da sarakunan gargajiya ne suka fi yawa a taron, Abdul Frasheri kuma shi ne muryar mutanen kudu. Bukatarsu ta farko ita ce kada a ɓalle ko taƙi ɗaya daga ƙasarsu a ba wani, wato dai suna kare iyakar daular ne. Da farko fada ta yi farin ciki da su. Da taron Barlin ya miƙa Plava da Gusinye ga Montenegro, mayaƙan ƙawancen suka hana a karɓa. Sai Turawa suka musanya da garin Ulkin na bakin teku, suka jibge jiragen yaƙi, suka tilasta wa Sarki Abdulhamid na Biyu ya tura sojojinsa su ƙwace garin daga hannun Musulmin da ke kare shi su miƙa wa Montenegro. Hakan aka yi a watan Nuwamba na 1880.

Daga nan ne Albaniyawa suka fahimci cewa uban da suke karewa ba zai iya kare su ba. Suka nemi a haɗa lardunan nan huɗu da suke zaune a ciki, Shkodra da Kosovo da Manastir da Yanina, su zama lardi guda a ƙarƙashin Sarki, ma'aikata su san harshen mutane, a koyar da shi a makarantu, a bar wani kaso na haraji a yi wa ƙasar aiki. Amsar da suka samu ita ce rundunar Darwish Basha, wadda ta murƙushe ƙawancen a watan Afrilu na 1881. Aka yanke wa Abdul hukuncin kisa, aka sassauta zuwa ɗauri, ya yi shekaru a kurkuku, ya fito da ciwo, ya rasu a 1892. Shugaban gwamnatin riƙo da ƙawancen ya kafa, Haji Umar Prizreni, malamin madarasa ne. Gudun hijira ya yi, ya rasu a Ulkin, garin da aka ƙwace musu. Duk mai cewa wannan yunƙuri na maƙiya addini ne, sai ya fara bayyana mana abin da rawunan malamai ke yi a sahun gabansa.

Sami bai ɗauki bindiga ba. Fagensa alƙalami ne. A 1879 shi da wasu Albaniyawan Santambul, Musulmi da Kirista, suka kafa ƙungiyar buga littattafai da harshensu, kuma haruffan da shi ya tsara aka ɗauka. Mafi yawansu na Latin ne, irin waɗanda muke kira boko, da 'yan kaɗan daga Girkanci. Ya rubuta littafin koyon karatu da nahawu da labarin ƙasa, Na'im kuma ya rubuta waƙoƙi da littattafan yara, ana bugawa a Bukarest ta Romaniya ana shigowa da su a ɓoye. Ranar 7 ga Maris 1887 aka buɗe makarantar farko ta harshen a birnin Korca. Nan da nan ta sami maƙiya biyu da ba su saba haɗuwa ba: limaman cocin Girkawa suna tsine wa iyayen da suka kai 'ya'yansu, hukuma kuma ta hana yaran Musulmi shiga. A 1902 aka rufe ta.

A nan ne mai karatu zai tsayar da mu, kuma yana da hakki. Me ya sa haruffan Latin? Ba haruffan Alƙur'ani ne suka fi dacewa da al'ummar da mafi yawanta Musulmi ne ba? Mu da muka san yadda boko ya ture ajami a ƙasar Hausa, wannan tambaya tana taɓa mu a wurin da ke ciwo.

Albaniyawa ma suna da nasu ajamin. Tun ƙarni na 18 mawaƙa irin su Nazim Frakulla suna rubuta harshen da haruffan Larabci, an kuma rubuta waƙoƙin Mauludi da shi. Hujjar Sami biyu ce. Ta farko ta harshe: Albaniyanci na da wasula bakwai da baƙaƙe ashirin da tara, kuma rubutun da ba ya bayyana wasula sai da ƙarin alamomi yana wahalar da yaro da maɗaba'a. Ta biyu ta siyasa: idan Musulmi ya rubuta da Larabci, Otodoks da Girkanci, Katolika da Latin, to an sami al'umma uku da ba sa iya karanta wasiƙar juna, kuma kowane maƙwabci zai zo ya ɗauki rabonsa. Hujja ta farko ba ta gamsar da mu sosai ba. Farisawa da mutanen Urdu da malamanmu na nan sun ƙara ɗigo da alama sun biya bukatarsu, kuma Muftin Manastir, Rajab Boka, ya nuna ana iya yi lokacin da ya buga haruffan Larabci da aka gyara wa Albaniyanci a 1911. Hujja ta biyu ce mai nauyi, kuma ita ce ke raba halinsu da namu. Mu mai mulkin mallaka ne ya zo da boko ya ɗora mana, alhali ajami na aiki a kotu da fada da makarantar allo, Nana Asma'u da 'yan'uwanta sun riga sun karantar da mata da shi. Su kuwa hukumar Musulmi ce ta ƙi buɗe makarantar harshensu da kowane irin haruffa. Da a ce tun 1879 Santambul ta buɗe makarantun Albaniyanci da haruffan Larabci a kowane gari, ta buga littattafan fiƙihu da lissafi da su, da ƙila tarihin ya sha bamban. Ba ta tuna da ajamin Albaniyawa ba sai bayan 1908, lokacin da taron Manastir ya riga ya tsayar da haruffan Latin talatin da shida. A lokacin ne gwamnatin Matasan Turkawa ta fara shirya gangami da neman fatawa don kare haruffan Larabci. Ba a fafe gora ranar tafiya. A watan Fabrairu na 1910 dubban mutane suka fito a Korca don kare sababbin haruffan, kuma mahaddacin Alƙur'ani, Hafiz Ali Korca, shi ya yi musu addu'a. Abin mamaki, shekara goma sha takwas bayan haka Turkiyya da kanta ta watsar da haruffan Larabci, ba tare da ta shawarci kowa ba.

Akwai ƙorafi na biyu, shi ma mai ƙarfi. Ana cewa tsoron Sarki Abdulhamid yana da dalili, domin ya ga yadda makaranta ta zama ƙofar tawaye a Bulgeriya, kuma Ostiriya da Italiya suna zuba kuɗi a makarantu da jaridun Albaniyawa don biyan bukatun kansu. Gaskiya ne sun zuba. Amma sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga. Wanda aka hana maɗaba'a a garinsu zai je Bukarest ko Sofiya, kuma wanda ya ba shi masauki zai so a saka masa. Sarkin yana ƙaunar Albaniyawa a matsayin dogarai. Su ke gadin fadarsa, kuma ɗaya daga cikinsu, Farid Basha na Bulora, ya riƙe masa babban waziri daga 1903 zuwa 1908. Ya yarda ya ba su takobi su tsaya a ƙofar ɗakinsa, amma bai yarda ya ba 'ya'yansu littafin koyon baƙi ba. Mun san ƙoƙarin da wannan sarki ya yi wajen riƙe daular da ake ta yaga, mun san matsayinsa a kan Falasɗinu, kuma muna girmama shi a kai. Girmamawa ba ta hana a ce a nan ya yi kuskure.

Shari'a ma ba ta tare da fada a wannan mas'ala. Alƙur'ani ya lissafa saɓanin harsunan mutane cikin ayoyin Allah a Suratur Rum, ya kuma bayyana a Suratu Ibrahim cewa kowane manzo da harshen mutanensa aka aiko shi domin ya yi musu bayani. Ƙabilancin da Annabi (SAW) ya yi hani da shi, shi ne mutum ya taimaki danginsa a kan zalunci ko ya ɗaukaka jininsa a kan na wani. Neman a karantar da yaro da harshen da yake ji ba ya cikin wannan. Hasali ma wanda aka fi cuta da hanin shi ne addinin kansa. Manomin kan dutse da ba ya jin Turkanci balle Larabci, kuma ba a yarda a buga masa littafin tsarki da salla da harshensa ba, da me zai riƙe aƙidarsa ranar da guguwa ta taso?

Ba muna cewa Sami ba shi da abin zargi ba. A 1899 aka buga wani ɗan littafi a Bukarest, babu sunan marubuci, a kan abin da Albaniya ta kasance da halin da take ciki da abin da za ta zama. Albaniyawa ba su taɓa shakkar cewa nasa ne ba, ko da yake wasu marubutan Turkiyya sun daɗe suna musun haka, don ya yi musu nauyi su yarda cewa uban ƙamus ɗinsu ne ya rubuta shi. A ciki ya yanke ƙauna daga daular. Ya ɗauke ta a matsayin ginin da ke gab da ruftawa, ya ce dole Albaniyawa su fita kafin ya danne su, har ya zana tsarin gwamnati da majalisar dattawa da babban birni da jami'a. Harshensa a kan Turkawa ya yi kaushi fiye da kima, ya kuma ɗora kishin ƙasa a matsayin da bai kamata ya hau ba a zuciyar Musulmi. Abokin tafiyarsa Pashko Basa, wanda Katolika ne kuma gwamnan Lebanon a ƙarƙashin daular, ya riga ya yi waƙar da ke kiran mutane su fifita zama Albaniyawa a kan masallaci da coci. Lokacin da aka yi ta, kira ne na haɗin kai a gaban masu son raba ƙasa. Bayan shekaru tamanin da wani abu, Anwar Hoja ya ɗauki wannan magana ya mayar da ita gatari. A 1967 ya rufe dukkan masallatai da coci-coci, ya ayyana Albaniya ƙasar da babu addini. Hafiz Ali Korca, wanda ya yi wa haruffan addu'a, a hannun 'yan gurguzu ya ƙare rayuwarsa cikin tsangwama da kora daga gari. Ba daidai ba ne a ɗora wa Sami laifin Hoja, domin tsakaninsu akwai yaƙin duniya biyu da aƙidar Markisanci wadda Sami bai san ta a mulki ba. Amma daidai ne ɗalibi ya lura cewa kalmar da aka faɗa don kare gida tana iya faɗawa hannun wanda zai ƙone shi.

Sai dai a duba kwanan watan littafin. Shekara ashirin da ɗaya ke tsakanin taron Prizren da 1899. A cikin waɗannan shekaru an ɗaure yayansa har lafiyarsa ta tafi, an rufe mujallar da suka fara bugawa a Santambul, an hana yaran Musulmi makarantar Korca, shi kansa yana zaune ƙarƙashin idon 'yan leƙen asiri. Mutumin da ya fara da roƙon lardi guda a ƙarƙashin Halifa bai wayi gari yana neman ɓallewa ba. Tura ce ta kai bango. Kuma hasashensa ya tabbata da hanyar da ta fi muni. Da yaƙin Balkan ya ɓarke a 1912, cikin makonni kaɗan daular ta rasa kusan duk abin da take da shi a Turai. Isma'il Kamal, tsohon ma'aikacin daular, ya ɗaga tutar 'yanci a Bulora ranar 28 ga Nuwamba, sojojin Sabiya da Girka da Montenegro suna cikin ƙasar. Da manyan ƙasashe suka zauna a Landan a 1913, abin da ya sa suka yarda akwai wata al'umma mai suna Albaniyawa da ta cancanci ƙasa, har da littattafai da makarantu da jaridun da su Sami suka dasa. Duk da haka an bar Kosovo a hannun Sabiya, aka bar yankin Cameriya a hannun Girka, kuma abin da Musulmin waɗannan wurare suka gani daga baya sananne ne.

Sami bai ga ko ɗaya daga cikin wannan ba. Ya rasu a Santambul a watan Yuni na 1904, yana da shekara hamsin da huɗu, yana tsakiyar nazarin tsoffin rubuce-rubucen Turkawa, ƙamus ɗinsa na Larabci bai kammalu ba. Shekara guda bayan haka ɗansa Ali Sami ya kafa ƙungiyar ƙwallon ƙafa ta Galatasaray. An mayar da ƙasusuwan Na'im Albaniya a 1937, na Abdul a 1978. Kabarin Sami yana Santambul har yanzu. Yaran Turkiyya suna karanta shi a darasin adabi da sunan Shamsuddin Sami, yaran Albaniya da Kosovo kuma suna shiga makarantun da aka raɗa wa suna Sami Frasheri.